Turken Da Ya Tsallake Ruwa

Litinin, 20 ga Janairu, bayan la'asar

Da na san abin da bakina zai jawo, da ranar sunan nan na ci tuwona na yi shiru.

Mako biyu ke nan da aka yi suna a gidan Baffa Hambali, ƙanin mahaifina, wanda ya riƙe ni tun ina aji uku a firamare da Baba ya rasu. Bayan jama'a sun watse muna zaune a tsakar gida ya ce, "Wai ke Kubra, wannan fiziks ɗin da kike koya wa 'yan mata a Kura, me ake faɗa a cikinsa? Kullum sai a ce mini 'yarka malamar fiziks ce, in ce alhamdulillahi, ban san abin da nake godewa ba."

Ni da ba a taɓa yi wa wannan tambayar a gidan ba, sai daɗi ya kwashe ni. Na ɗauko guntun robar tayar babur, irin wadda yake ɗaure tiyo da ita, na ɗiɗɗiga mata alli, na ce kowane ɗigo gungun taurari ne, irin wanda ranarmu take ciki. Na ja robar. Na ce ya duba da kyau, babu ɗigon da ya tashi daga wurinsa, amma kowanne ya yi wa ɗan'uwansa nisa, domin filin da ke tsakaninsu ne ya miƙe. Haka sararin samaniya yake yi. Na ce da can masana sun ɗauka miƙewar raguwa take yi, kamar dutsen da aka jefa sama, sai da aka auna aka ga ƙara sauri take yi, kuma har yau ba wanda ya san abin da ke tura ta.

Ya karɓi robar ya ja da hannunsa har sau uku, ya ce, "Ikon Allah." Na dawo gida ina ta murna kamar wata sakarya.

Yau maigidana, Baban Ilham, ya dawo daga injin shinkafa yana dariya har da riƙe ciki. Wai Baffa ya toshe ƙaramar hanyar ruwan da ke shiga gonar maƙwabcinsa Malam Giɗaɗo, a filin noman rani na bayan gari, ya ce hanyar ta shigo cikin iyakarsa. Da mutane suka ce ai turken simintin iyaka a da yana wannan gefen ruwa, yanzu ga shi a wancan, sai ya ce shi bai taɓa turke ba. Ƙasa ce ta miƙe, kuma 'yarsa mai digiri ta tabbatar masa.

Ni ban yi dariya ba. Albasar Giɗaɗo ta fara yin kai, kuma yau kwana huɗu rabonta da ruwa.

Talata, 21 ga Janairu, ƙarfe bakwai na safe

Sau biyar na kira Baffa. Wayarsa irin wadda take kurumcewa ce in ta ga dama.

Laraba, 22 ga Janairu, bayan azahar

Labari ya riga ni zuwa makaranta. Ina shiga ɗakin malamai wani ya matsar da kujerarsa ya ce, "A ba Malama wuri, kar ɗakin ya miƙe ta faɗi." Na yi murmushi don kar a ce ban san wasa ba, amma raina a ɓace yake.

A hanyar dawowa mai adaidaita ya leƙo ni ta madubi ya ce, "Malama, da gaske ne tsakanin Kura da Bunkure ya ƙaru? Don ni dama na ji mai yana saurin ƙarewa." Shekara biyar ina fama da yara su riƙe layi ɗaya na darasi sun kasa, yau ga gari guda ya haddace abin da ban faɗa ba.

Juma'a, 24 ga Janairu, bayan la'asar

Na je na same shi a zaure yana gyaran ƙotar fartanya. Na durƙusa na gaishe shi, na bi a hankali. Na ce, "Baffa, abin da na faɗa, can ne tsakanin taurari masu nisan da hankali ba ya kaiwa. Duk abin da yake riƙe da kansa ba ya miƙewa. Duniyar nan riƙe take da kanta, gona riƙe take, ni da kai riƙe muke."

Ya ce, "Ke da bakinki kika ce ɗigo ba ya tashi daga wurinsa. To turke bai tashi ba."

Na ce, "To me ya sa taka ce kaɗai take miƙewa, ta Malam Giɗaɗo tana tsukewa?"

Ya ce, "Kowa da rabonsa."

Na ce, "Haba Baffa!"

Ya ajiye ƙotar ya dube ni. "Kin ce manyan masana na duniya, da na'urorinsu da komai, ba su san abin da ke tura ta ba. Haka ne ko ba haka ba?" Na ce haka ne. Ya ce, "To ni Hambali da ko allon boko ban riƙe ba, ni zan sani?"

Wallahi da ɗalibata ce ta kawo wannan hujjar da na rasa ko maki zan ba ta ko bulala.

Da zan tafi ya faɗi wata magana ƙasa-ƙasa, wai abin da yake yi ba don cikinsa yake yi ba, kuma na fi kowa sani. Wannan ba zan rubuta komai a kai ba.

Lahadi, 26 ga Janairu, ƙarfe sha ɗaya na safe

Na je filin. Na yi ƙidaya a hanya, shekara shida rabon da in taka wurin, kuma ba nisa ne ya hana ni ba.

Ina ƙarama nakan zauna a kan turken nan in tsoma ƙafa a ruwa ina fuskantar gonar Giɗaɗo. Yau turken yana can ƙetare, ruwan yana bayansa, an cika bakin hanyar da laka da ƙaiƙayi an danne da dutse. Ganyen albasar Giɗaɗo ya fara kwanciya, bakinsa ya yi rawaya. Shi da matarsa Iyatu suna jigilar ruwa da jarka daga babban kanal, tafiyar da ta fi daga gidanmu zuwa masallaci, kuma dukansu sun haura sittin.

Malam Giɗaɗo ya gaishe ni da fara'a, har yana tambayar Ilham. Da ya zage ni da ya fi mini sauƙi.

Iyatu ce ta sauke jarkarta ta zauna a bakin kunya ta lissafo mini da yatsu. Ta ce bayan rasuwar Baba sai da aka shekara goma kafin turken ya ci musu fangalin shuka ɗaya, suka yi shiru. Bayan shekara biyar ya ci na biyu, suka yi shiru. Bayan shekara biyu ya ci na uku. Bara ya ci ɗaya, bana ya ci biyu ya haɗa da ruwan. Ta ce, "Mu fa, 'yar nan, ba mu ce a dawo mana da fangali ba. Ruwa kawai muke so. Marigayi babanki da hannunsa ya kafa turken nan, maigidana yana riƙe masa igiya."

Goma, biyar, biyu, ɗaya. Kaina ya zana layin tun kafin in hana shi, layi ne mai lanƙwasa sama, irin wanda nake zana wa 'yan aji biyar. Turken ba tafiya kawai yake yi ba, ƙara sauri yake yi.

Na ɗauki jarka ɗaya na yi sawu uku, na huɗu na kasa. Iyatu ta ce in bari kar in ɓata zanena.

Talata, 28 ga Janairu, lokacin hutun tara

Darasin yau a kan ƙarin gudu ne. Na rubuta a allo cewa abu ba ya ƙara gudu haka kawai, duk inda aka ga gudu yana ƙaruwa to akwai ƙarfin da ke turawa, ko an gan shi ko ba a gan shi ba. Na tsaya ina kallon rubutuna har yaran suka fara tari. Na ce su kwafa, na fita waje.

Ƙarfin da ke tura sararin samaniya aƙalla masu neman sa neman sa suke yi da gaske.

Alhamis, 30 ga Janairu, bayan magariba

Malam Sada ya zo har gida. Shi ne shugaban ƙungiyar masu ban ruwa, shi yake raba ranakun ruwa, kuma shi zai yanke maganar nan jibi. Aka yi masa shimfiɗa a zaure, Baban Ilham yana gefe. Ya sha shayi kofi biyu yana ba mu labarin tsutsar tumatir kafin ya zo kan abin da ya kawo shi.

Ya ce, "Malama, babu mahaukaci a cikinmu. Kowa ya san ƙasa ba ta miƙewa."

Na ce, "Alhamdulillahi." Har na ji wani sanyi a raina.

Ya ce, "Amma kin san yadda muke sulhu a nan. Ba a tara jama'a a ce wa dattijo mai furfura ya ci iyaka. Wannan kalmar in ta fita ba ta komawa, har jikokinsa sai an goranta musu. Kullum sai an nemo wa magana ƙofar da kowa zai fita da hularsa a kansa. Wata shekara cewa muka yi ambaliya ce ta ture turke, wata shekara muka ce tarakta. Bana Allah ya kawo mana ke. Kalma biyu kawai muke so ki faɗa: yana yiwuwa."

Na ce, "In na faɗa, ruwan fa?"

Ya ce ai in ƙasa ce ta motsa ba mai laifi, turke ya zauna inda yake, sai a roƙi Hambali ya riƙa sakar wa Giɗaɗo ruwa don zumunci.

Na ce, "Wato mutum ya riƙa roƙon ruwansa duk mako har ya mutu."

Ya ce, "Malama, ke kin yi karatu, mu kuma mun zauna da mutane."

Ban san lokacin da na yi tsaki a gaban babba ba. Baban Ilham ya harare ni, na ba da haƙuri, amma tsakin yana nan a maƙogwarona.

Asabar, 1 ga Fabrairu, da hantsi

An ɗage zaman. Malam Sada ya tafi ɗaurin aure Garun Malam. Sai Asabar mai zuwa. Albasa kuma sai ta jira a gama walima. Kwana goma sha shida.

Lahadi, 2 ga Fabrairu, bayan azahar

Ina yanka albasar miya Baban Ilham ya tsaya a bakin kicin ya ce, "Wannan ta bara ce ko? Har yanzu ba ta ƙare ba, bayan wadda aka sayar da wadda kika rabar." Ya wuce abinsa. Mutumin nan ya iya ajiye magana ya bar ka da ita.

To, bari in rubuta, tunda ba mai karantawa. Gonar ba ta Baffa ba ce. Tasa tana can gefen hanya, kuma shekara ashirin ko taku ɗaya ba ta ƙara ba. Wannan gadona ce. Shi yake nome mini ita, ba ya taɓa ko ƙwaya, duk shekara ya loda buhuna a adaidaita ya aiko mini. Da takwas ne, suka koma tara, suka koma sha ɗaya, bara sha huɗu. Duk shekara cewa nake yi, "Kai, bana an yi albarka." Ni da nake koya wa yara kar su karɓi lamba sai sun tambayi inda ta fito.

Kunya nake ji. Haushi kuma nake ji, ban ma san na wa ya fi yawa ba, nasa ko nawa.

Talata, 4 ga Fabrairu, bayan la'asar

Na koma wurinsa. Na ce, "Baffa, don Allah ka buɗe ruwan nan yau, ka mayar da turke da kanka, ba sai an zauna ba. Ni na yafe fangalin."

Ya ce, "Kin yafe? Ke kika san yadda aka yi?" Sai ya ce ranar da aka sa Baba a ƙasa ya yi alkawari abin marainiya ba zai ragu a hannunsa ba. Wata shekara shanun Giɗaɗo suka shiga suka cinye rabin masarar, aka zauna aka ce a yi haƙuri, shi kuwa ya rama mini da fangali ɗaya.

Na ce, "To sauran biyar ɗin fa?"

Ya ce, "Tashi ki tafi gida, yamma ta yi."

Ina sa takalmi ya ce, "Ranar Asabar, duk abin da za ki faɗa, ki tuna wanda ya ɗauke ki a keke ya kai ki jarrabawar shiga sakandare." Kamar na taɓa mantawa! Ƙafata ta shiga tsakanin wayoyin taya a ranar, ya yage rawaninsa ya ɗaure mini, ya shiga gari kansa babu komai.

Laraba, 5 ga Fabrairu, da safe

Yana yiwuwa. Yana yiwuwa. Na gwada a gaban madubi, bakina ya iya faɗa sarai, shi ne abin da ya fi ba ni haushi.

Alhamis, 6 ga Fabrairu, bayan azahar

An ce Iyatu ta zame a bakin kanal da jarka a ka, ƙugunta ya bugu. Giɗaɗo shi kaɗai yake jigila yanzu.

Asabar, 8 ga Fabrairu, bayan magariba

An yi zaman a ƙarƙashin darbejiyar ƙofar gidan Malam Sada. Maza sun fi talatin. Aka ajiye mini kujera a gefe, kusa da katanga. Baffa ya sa farar rigarsa ta Juma'a.

Malam Sada ya yi doguwar addu'a da dogon bayani a kan zaman lafiya, sannan ya ce, "Malama Kubra, ke ce mai ilimin abin. An ce kin ce sarari yana miƙewa."

Na ce, "Yana miƙewa, har ƙara sauri yake yi."

Aka yi ta gyaɗa kai. Ya ce, "To, wannan ƙasa tamu, yana yiwuwa ita ma ta ɗan taɓa?"

Na dubi ƙasa. Ina jin idon Baffa a gefen fuskata. Na ce, "Ba ya yiwuwa."

Malam Sada ya yi gyaran murya ya ce ko da ɗan kaɗan ne, ko da faɗin yatsa. Na ce ko faɗin gashi. Wani daga baya ya ce, "To wa ya matsar da turken?"

Na ce, "Gonar tawa ce, kowa a nan ya sani. Ni na ci albasar shekara da shekaru ban tambaya ba, duk mai neman mai laifi ga ni. A mayar da turke inda Baba ya kafa shi, a buɗe wa Malam Giɗaɗo ruwansa yau."

Na ɗauka in na ɗora wa kaina Baffa zai tsira. Banza. Babu wanda ya dube ni, kowa shi ya kalla. Ya miƙe a hankali, ya kakkaɓe rigarsa, ya sa takalmi, bai yi wa kowa sallama ba.

Kafin la'asar ruwa ya shiga gonar Giɗaɗo. Kashi ɗaya cikin uku ta riga ta tafi, sauran za ta tashi in Allah ya so. Na dawo gida na rufe ɗaki na yi kuka mai isata.

Litinin, 10 ga Fabrairu, da yamma

Na je gaishe da Baffa. Aka ce yana barci. Ina jin rediyonsa, kuma ina jin ana canza tasha.

Laraba, 12 ga Fabrairu, bayan la'asar

Mai adaidaita ya sauke mini kaya a ƙofar gida: fartanya biyu, shebur, rabin buhun taki. Saƙon da aka ba shi shi ne, "Gonarta ce, ta nome abarta. Ranar ruwanta Lahadi."

Baban Ilham ya ce a ɗauki ɗan ƙwadago. Na ce a'a. Ya ce taurin kan nan dai na gado ne. Na ce ya bar ni in ji da abu ɗaya.

Juma'a, 14 ga Fabrairu, da rana

Yau ma barci yake yi.

Lahadi, 16 ga Fabrairu, bayan azahar

Hannuna duk kanta, da ƙyar nake riƙe biro.

Tun da sassafe na isa, na ɗaure zane, na ɗauki shebur. Na san lissafin gudun ruwa a cikin bututu, na san nauyinsa, na san komai, amma ban san ta inda ake fara buɗewa ba. Malam Giɗaɗo ya taso zai taimaka, na ce ya je ya ji da tasa, ta fi buƙatarsa. Baffa yana can cikin gonarsa ta gefen hanya, ya ba ni baya yana cire ciyawa. Na yi sallama daga nesa, ciyawar ta fi ni muhimmanci.

Na fasa bakin fangali huɗu a lokaci guda don in gama da wuri. Ruwan ya ƙi shiga ko ɗaya, ya bi gangare ya fasa kunyar ƙarshe ya nufi hanya. Na bi shi da gudu, laka ta cire mini takalmi ɗaya, na toshe nan ya ɓalle can. Masu wucewa a babur har rage gudu suke yi.

Sai na ji muryar Baffa ta tsaga filin. "Kai jama'a! Wa ya koya wa wannan ban ruwa? A gaya mata ta toshe na ƙasa tukuna! Ɗaya-ɗaya ake buɗewa, daga sama!"

Babu kowa kusa da shi da zai gaya mini. Bayansa yana wajena, ban san ta ina yake gani ba.

Na toshe na ƙasa, na koma sama na buɗe ɗaya. Da ya cika ya ce wa iska, "A rufe, ya isa, za a ruɓar da ita!" Na rufe. Haka muka yi ta yi, yana ba da umarni a gaya mini, ina bi, hawaye da gumi sun haɗe mini a fuska.

Bai juyo ba ko sau ɗaya. Ciyawar gonarsa ta ƙare tun hantsi, amma yana nan durƙushe yana tsintar abin da babu, bai tashi ba sai da ruwa ya cika fangalina na ƙarshe.